Dogaran Napoleon: ajiya maganin wata rana, ko asarar mazaje?

Barde_Katsina
Assalamu alaikum 'yan zaure. Akwai abin da ya daɗe yana ɗaure min kai a yaƙe-yaƙen Napoleon, sarkin Faransa, ina so masana su warware min. Mutumin nan ya tsince mazaje mafi ƙwarewa daga bataliyoyin sojan Faransa, ya tara su wuri guda ya ce su ne dogaransa. Albashinsu ya fi na kowa, abincinsu ya fi na kowa, kakinsu ya fi na kowa. Amma in an zo fagen fama sai a jera su a baya, na gaba suna zuba kamar ƙudaje, su suna kallo. A Jena a 1806 dakarunsu na ƙasa ba su shiga ba. A Friedland a 1807 haka. A Borodino a 1812, ranar da aka fi bukatarsu, ya hana su. Ranar da ya sake su a Waterloo kuma aka koro su. To ina amfanin baɗi ba rai? A ganina adon sarauta ne kawai, kuma ya raunana sauran runduna. Mai hujja ya kawo.

Malam_Tarihi
Wa alaikumus salam. Malam Barde, ka fara duba yadda ake yaƙi a zamanin. Bindigar lokacin ta baki ake ɗura ta, ƙwararren soja ya yi harbi 2 ko 3 a minti, kuma in mutum ya wuce taku 100 da wuya a same shi. Bataliyar da ta yi awanni cikin hayaƙin albarushi, hafsoshinta sun faɗi, ƙishirwa ta kama kowa, ko kana ganinta tsaye ta riga ta ƙare. Dabarar Napoleon ita ce sauran rundunoninsa su riƙe abokin gaba ta ko'ina har ya zuba duk mutanen da ya ɓoye a baya. Da ya ga wancan ya ƙarar da nasa, sai ya tara igwa wuri guda ya huda layi, ya tura waɗanda ba su gaji ba ta cikin kafar. Wanda ya kai la'asar da mazaje masu sauran ƙarfi, shi ke da ranar.

Tsayuwarsu a baya ma aiki ce. Ita ta ba shi zuciyar jefa kowa da kowa gaba, don ya san in abu ya ɓaci akwai mai tare ɓaraka. A Jena da Friedland an ci nasara tun ba a kai gare su ba, saboda haka rashin shigarsu a can ba laifi ba ne.

Tsohon_Saje
Ni ban karanta tarihin Faransa ba, amma na daɗe cikin kaki, kuma maganganun nan biyu duk na gan su da idona. In kana gaba ka san akwai kamfani a bayanka wanda bai harba ko harsashi ɗaya ba, ƙafarka takan tsaya. In ka san babu kowa, da ƙura ta tashi kaɗan sai ka fara waiwaye. Wannan gaskiyar Malam ce. Gaskiyar Barde kuwa, an taɓa zuwa wata bataliya da na yi aiki aka zaɓe mana saje-saje da kofur-kofur mafi kyau don wata runduna ta musamman. Wallahi mun daɗe ba mu dawo daidai ba. Kurtu ba daga kanar yake koyon aiki ba, daga wanda ke kwana kusa da shi yake koyo. In ka cire wannan ka cire gishirin miya.

Barde_Katsina
Allah ya ƙara girma, Baba Saje. Abin da nake nufi ke nan.

Ummu_Sadiq
Don Allah a fayyace mana, su nawa ne? In mutum 2,000 ne ai ba wani giɓi za su bari ba.

Malam_Tarihi
Hajiya, nan ne ainihin maganar. A 1804 da aka kafa su ba su kai 10,000 ba. Zuwa 1812 sun haura 50,000. A 1814 a takarda sun wuce 100,000. Amma kada a ɗauka duk iri ɗaya ne. Akwai Tsofaffin Dogarai, su ne masu dogayen hulunan gashin nan da ake gani a zane. Sharaɗin shiga ya riƙa canzawa, amma an san shi da shekara 10 a bakin aiki, halartar yaƙe-yaƙe, iya karatu da rubutu, da tsawon kusan santimita 178 ga wasu rukunoni. Akwai na Tsakiya, waɗanda tushensu ya faro a 1806. Sai Samarin Dogarai daga 1809, waɗanda ake zaɓa cikin sababbin kurata, a ɗora musu hafsoshi da saje-saje daga tsofaffin. Yawan nan da kika gani galibinsa Samari ne, kuma su ba a taɓa tattalinsu ba. A Essling a watan Mayu 1809 su aka tura suka ƙwato ƙauyen ƙarƙashin Janar Mouton da Janar Rapp. A Lützen ran 2 ga Mayu 1813 su suka karɓe ƙauyen Kaja bayan igwar Janar Drouot, hafsan igwar Dogarai, ta share musu hanya. Dresden ma haka. Wanda ya ce Dogarai ba sa yaƙi, Tsofaffi na ƙasa yake nufi, kuma su 'yan kaɗan ne.

Sukuwa_Sallah
Kun manta da barade! Kullum in ana zancen nan sai a tsaya kan na ƙasa. A Austerlitz ran 2 ga Disamba 1805 baraden dogaran sarkin Rasha sun tattake wata bataliyar Faransa har suka ƙwace mata tuta. Wa ya mayar da martani? Baraden Dogarai ƙarƙashin Bessières da Rapp. Rapp ya dawo da rauni, ya zo da Yarima Repnin, hafsan Rashawa, a kame. A Somosierra a Sifaniya ran 30 ga Nuwamba 1808 mahaya 'yan Polan na Dogarai, ba su fi 100 da 'yan kai ba, suka haura mashigar dutse suka auka wa igwa 16 da aka jera a hanya. Da yawansu ba su dawo ba, amma hanyar Madrid ta buɗe. Wannan ba ado ba ne, Malam Barde.

Auwal_Fagge
Wato kamar 'yan lifidi na sarakunanmu na dā ke nan? Suna kewaye da sarki, sai yaƙi ya yi zafi a sake su.

Malam_Tarihi
Ta fuskar tsayawa kusa da sarki da jiran lokaci akwai kama, Auwal. Bambancin shi ne waɗannan cikakkiyar runduna ce mai cin gashin kanta: dakaru, barade, 'yan igwa, masu gina gada, likitoci, har da bataliyar matuƙan jirgin ruwa. Kuma in ka tambaye ni ɓangaren da ya fi kowanne amfani, 'yan igwa ne. A Wagram a watan Yuli 1809 da tsakiyar layinsa ta yi rauni, igwa fiye da 100 ya jera wuri guda ƙarƙashin Lauriston, kuma na Dogarai su ne ƙashin bayan jerin. Ko a Borodino da ake cewa ya hana su, igwarsu ta yi aiki.

Hafsat_Zazzau
Ni abin da ya ja hankalina Mamaluka ne. Na ga zanensu da rawani da takubba masu lanƙwasa a cikin sojan Faransa. Musulmi ne daga Masar?

DanMaradi
Malama Hafsat, daga Masar sunka biyo sojan Faransa da anka janye a 1801, amma ba duka Musulmi ba ne. Akwai Kiristocin Sham, Girkawa, Armeniyawa, Kibɗawa, mutanen Jojiya. Daga baya da sunka ƙaranta Faransawa anka riƙa sa ma rawani ana cike gurbi. Suna cikin sukuwar Rapp a Austerlitz da Sukuwa ya faɗi. Su ne kuma anka sa murƙushe boren mutanen Madrid ran 2 ga Mayu 1808, har Goya, mai zanen Sifaniya, ya zana abin. Ƙarshensu ba daɗi. Bayan labarin Waterloo ya iso Marseille a watan Yuni 1815, magoya bayan tsohuwar sarauta sunka far ma waɗanda ke zaune can da iyalansu sunka karkashe su.

Hafsat_Zazzau
Inna lillahi. Sun bar ƙasarsu sun bauta wa wani, ga sakamakon.

Barde_Katsina
Na gode da bayanai, amma kuna ta kewaye-kewaye. A dawo Borodino. 7 ga Satumba 1812. An raunata Bagration, babban janar ɗin Rashawa, an ƙwace babbar tungar Rashawa, layinsu ya lanƙwashe. Manyan marshal-marshal ɗin Napoleon suna aikowa a ba su Dogarai su gama aiki. Yana da mutum kusan 20,000 da ba su taɓa ƙasa ba, ya ce a'a. Kutuzov, babban kwamandan Rashawa, ya janye da rundunarsa a raye, kuma rundunar nan ce ta bi shi ta cinye shi a hanyar dawowa. Malam ya ce dabarar ita ce a jira abokin gaba ya ƙarar da nasa sannan a buga. To ga lokacin ya zo, me ya hana bugu?

Malam_Tarihi
Nisa ya hana. Yana fiye da kilomita 2,000 daga Paris. Tun kafin a kai Borodino zafi da cuta da yunwa sun cinye kaso mai yawa na mutanen da ya tsallaka kogin Niemen da su a watan Yuni. A ranar kaɗai ya yi asarar kusan 30,000. Rashawa ba su watse ba, ja suka yi zuwa wani tudu suka sake jeruwa, igwarsu tana nan. Bai san ko washegari za a sake gwabzawa ba. Manomi ko yunwa ta kai ina ba ya dafa hatsin iri, sai in ya yanke ƙauna da damina.

Ka kuma dubi Krasnoi a tsakiyar Nuwamba. Runduna ta zama tarkace, Rashawa sun tare hanya, marshal-marshal ɗinsa Davout da Ney suna baya da mutanensu. Napoleon ya juya da Dogarai ya fuskanci Kutuzov, wancan ya ƙi kusantarsu, Davout ya samu ya wuce. Da ya ƙone su a Borodino da wa zai yi wannan?

Barde_Katsina
Da ya murƙushe Kutuzov a Borodino da babu Krasnoi ɗin kwata-kwata. Kuma su Dogaran da aka yi tattali, ina suka ƙare? Sanyi da yunwa suka kashe galibinsu a hanya. An hana harsashi ya ci su, dusar ƙanƙara ta ci su.

Kanar_Mai_Ritaya
Ku ba ni dama in sa baki. Duk wanda ya taɓa riƙe mutane a fagen fama ya san shawarar sakin ajiya ita ce mafi nauyi, domin daga ita kwamanda ya zama ɗan kallo. Ba ya da abin da zai ƙara juya yaƙin da shi. Ina tare da Malam a kan haka. Amma akwai cutar da ke kama kwamanda idan ajiyarsa ta yi masa kyau da yawa: sai ya fara tsaronta maimakon ta tsare shi. Ina ganin ta kama Napoleon game da Tsofaffin. Ya san da yawansu da suna, sun bi shi tun Italiya da Masar. Kuma sun zama alama. Muddin ba a taɓa karya su ba, duk Turai na tsoronsu. Ranar da aka karya su tsoron ya ƙare. Wanda ke riƙe da irin wannan kaya hannunsa yakan yi nauyi.

Tsohon_Saje
Yallaɓai, ran ka ya daɗe, ka faɗi abin da na kasa faɗa.

Lauya_Bilkisu
Akwai fuskar da ba a taɓo ba, ta mulki. Napoleon ba gadon sarauta ya yi ba, juyin mulki ya yi a Nuwamba 1799, kuma sojojin da ke gadin majalisa su suka kori 'yan majalisar daga zaurensu a Saint-Cloud. Daga cikin waɗannan masu gadi aka gina rundunar da ta zama Dogarai. Mutumin da ya hau ta wannan hanya ya san da me ake riƙe kujera. Yana cikin Rasha, ran 23 ga Oktoba 1812, Janar Malet ya fito a Paris ya ce Napoleon ya mutu, ya kama ministan 'yan sanda, saura kaɗan ya karɓe birnin. Wannan bayan Borodino ya faru, amma ya nuna cewa a Borodino ba Kutuzov kaɗai yake lissafi ba. Yana lissafin Ostiriya da Furushiya (wata masarautar Jamus) da ke bin sa bisa dole, yana lissafin Paris. Sarkin Rasha zai iya rasa runduna ya ci gaba da sarauta. Shi ba zai iya ba.

Auwal_Fagge
Anti Bilkisu, in haka ne ai maganar Barde ta fito: don kansa ya ajiye su, ba don yaƙi ba.

Lauya_Bilkisu
A wurinsa biyun abu ɗaya ne, Auwal.

DanMaradi
In koma ga zancen Baba Saje na cire gishirin miya. Gaskiya ne, amma Dogarai suna maidowa. Makaranta ce. Saje na Dogarai yakan fita shi zama hafsa a wata bataliya, kuma da haka anka sake gina runduna a 1813 bayan ta Rasha ta halaka. Akwai kuma tsarin da anka buɗe a 1804 na ɗaukar 'ya'yan masu hali a horar da su cikin Dogarai su fito hafsoshi. Ta nan Bugeaud ya shiga soja, yana kofur a Austerlitz. Wanga Bugeaud shi ne daga baya ya zama gwamnan Aljeriya, ya yaƙi Amir Abdulƙadir da ƙone gonaki da kwashe dabbobi. Saboda haka abin da anka koya cikin barikin nan ya iso Afirka, kuma ba da alheri ba.

Ummu_Sadiq
Ni har yanzu ɓangaren sauran sojoji nake ji. Na karanta cewa a Mosko cikin fadar Kremlin aka sauke Dogarai, kuma da aka dawo Smolensk su aka fara raba wa abinci, wasu na bakin ƙofa suna mutuwa da yunwa. Ko wace irin dabara ce wannan, wanda ya yi yaƙin ya kwana da yunwa, wanda ya yi kallo ya ƙoshi. Dole a ƙullace su.

Malam_Tarihi
An ƙullace su ƙwarai, Hajiya. Har ba'a ake yi wa wasunsu da cewa su ba sa mutuwa, tun da ba a kai su inda ake mutuwa. Amma wanda ke zagin nan shi ne kuma ke fatan wata rana a kira sunansa. Napoleon ya san kwaɗayin shiga Dogarai yana sa soja ya yi abin da albashi ba zai sa shi ba. Kuma a yi musu adalci: a Eylau ran 8 ga Fabrairu 1807, da guguwar ƙanƙara ta sa rundunar Faransa ta Marshal Augereau ta faɗa bakin igwar Rashawa ta tarwatse, wani ayarin Rashawa ya kutso har kusa da maƙabartar da Napoleon ke tsaye. Bataliyar Tsofaffi ce ta tare su da banati, wato wuƙar bakin bindiga.

Musa_Beljiyam
Ina zaune ba nisa da Waterloo, na taka filin da ƙafata. Abin da ya ba ni mamaki ƙanƙantarsa. Daga inda Faransawa suka jeru zuwa tudun Wellington, kwamandan Ingila, tafiyar 'yan mintoci ce, gangara sannan hawa, kuma ƙasar in an yi ruwa tana kama takalmi. An yi ruwa kuwa daren 17 ga Yuni 1815. Tudun tunawa mai mutum-mutumin zaki da aka gina daga baya da ƙasar wurin aka tara shi, don haka hawan ya fi haka tsauri a lokacin.

Malam Barde ya ce an sake su aka koro su. Ba duka aka saka ba. Samarin Dogarai tun la'asar an tura su ƙauyen Plancenoit su tare Furushiyawan Janar Bülow, can aka yi wa Janar Duhesme raunin da ya kashe shi. Da aka fitar da su daga ƙauyen, bataliya 2 kacal ta Tsofaffi ta shiga da banati ta ƙwato shi. Baradensu an riga an ƙarar da su a sukuwar Ney ta banza da rana. Abin da ya haura tudu wajen ƙarfe 7:30 na yamma bataliya 5 ce, mutum kusan 3,000, daga rukunonin da aka harhaɗa cikin gaggawa bayan dawowar Napoleon daga zaman hijira a tsibirin Elba. Suka ci karo da dogaran Ingila na Maitland, da sojojin Holan da Beljiyam na Chassé, Colborne na Ingila kuma ya bugo su ta gefe.

Kanar_Mai_Ritaya
Kuma a makare. Gonar La Haye Sainte ta faɗi wajen ƙarfe 6, tsakiyar Wellington a buɗe take, Ney ya aika neman dakaru aka hana shi. Kafin 7:30 Zieten ya iso da ƙarin Furushiyawa, Wellington ya samu damar kwaso barade daga hagunsa ya toshe tsakiya. Awa guda da rabi ɗin nan ita ce yaƙin.

Malam_Tarihi
Yallaɓai, a wannan awar harsashin igwar Furushiyawa yana sauka kan hanyar da Napoleon zai bi in zai janye. Ba zai iya juya wa Plancenoit baya ba.

Auwal_Fagge
Amma dai sun mutu da mutunci. Ba kwamandansu ne ya ce Dogarai mutuwa suke yi, ba sa miƙa wuya ba?

Musa_Beljiyam
Janar Cambronne ake jingina wa maganar, ƙanina, amma kama shi aka yi da rauni a ka, aka kai shi Ingila, ya rayu har 1842, kuma ya musanta cewa ya faɗe ta. Abin da ya tabbata shi ne bataliyoyin Tsofaffi da suka rage sun jeru murabba'i suna ja da baya sannu a hankali, sauran runduna na gudu ta gefensu. Gudun kuwa ya fara ne daidai lokacin da aka ga masu dogayen huluna suna gangarowa. Ihu ya bi layi cewa Dogarai sun juya, shi ke nan kowa ya watse.

Barde_Katsina
Ka ji ko! Wannan ma hujjata ce. An tara duk zuciyar runduna a jikin mutum 3,000, da suka karye kowa ya karye. Na yarda da 'yan igwa, na yarda da barade, na yarda da Samari. Tsofaffi na ƙasa ne ban ga sun biya kuɗin da aka kashe a kansu ba.

Sukuwa_Sallah
Kwana 2 kafin Waterloo fa? A Ligny ran 16 ga Yuni su suka fasa tsakiyar Blücher, kwamandan Furushiyawa, da yamma, daidai yadda Malam ya kwatanta dabarar tun farko. Ka kuma lissafa Hanau a ƙarshen Oktoba 1813, inda Wrede, janar ɗin Bavariya, ya tare hanyar komawa Faransa bayan Leipzig, su da igwar Drouot suka ture shi. Sai 1814, lokacin da babu wani tattali kuma, Dogarai su ne rundunar. A Montmirail ran 11 ga Fabrairu Tsofaffin Friant ne suka karya Rashawan Sacken.

Barde_Katsina
Duk waɗannan bayan an riga an yi asarar Rasha ne. Yaƙin kare gida ne, ba na cin nasara ba. Ni tambayata tana nan a 1812.

Kanar_Mai_Ritaya
Malam Tarihi, ina da tambaya gare ka kan Borodino. Tsakanin sakin duka da hana duka ai akwai hanya. Me ya hana ya tura Samari ƙarƙashin Mortier ya riƙe Tsofaffi? Da ya gwada ƙarfin sabon layin Rashawa ba tare da ya taɓa abin da Barista Bilkisu ta ce kujerarsa na kai ba. Nan nake ganin ya gaza, kuma ban ji wanda ya amsa wannan ba tukuna.